Ajin Tarihi na Ranar Asabar a Badariya: Abin da Na Samu a Darussa Takwas Kan Mulkin 'Yan Salibiyya

Akwai wani shagon littattafai da kayan rubutu a unguwar Badariya ta Birnin Kebbi da na daɗe ina zuwa buga takardu, kuma a bayan shagon akwai ɗaki mai ɗaukar mutum kamar ashirin, inda wani malamin tarihi da ya ajiye aikin koyarwa a makarantar sakandare yake ba da darasi kowace Asabar, daga bayan sallar La'asar zuwa kiran Magariba. Zangon da na shiga na makonni takwas ne, an keɓe shi ga batu guda, wato yadda Turawan da suka zo yaƙin Salibiyya suka kafa dauloli a ƙasar Sham, da yadda suka tafiyar da mutanen da suka tarar a can. Kuɗin rajista bai wuce abin da nake kashewa a data cikin wata ɗaya ba, kuma a cikinsa ne ake ba mutum takardun darasin kowane mako. Na halarci zama takwas ɗin ban rasa ko ɗaya ba, saboda haka ina ganin zan iya gaya wa mai niyyar shiga abin da zai tarar, mai daɗi da marar daɗi.

Kusan dukkanmu da muka zauna a kan bencinan nan ranar farko abu biyu muka sani game da wannan zamani: an ƙwace Baitul Muƙaddas, sannan Salahuddin Ayyubi ya dawo da ita. Malam bai ƙaryata mu ba. Ya tashi ya rubuta 1099 a gefe ɗaya na allo, ya rubuta 1187 a ɗaya gefen, ya ja dogon layi tsakaninsu, sannan ya ce shekara 88 ke nan, a cikinsu an haifi mutane, sun yi aure, sun tsufa, sun mutu, to wa yake karɓar haraji a wannan tsawon lokaci, wa yake yanke hukunci idan an ci iyakar gona, kuma wa yake naɗa sarki idan sarki ya mutu? Wannan layin na alli shi ne ajin gaba ɗaya, kuma shi ne dalilin da ya sa nake ganin kuɗina bai tafi a banza ba. Wa'azi da labaran da muka taso muna ji sun tsaya ne a kan bakin layin biyu, shi kuwa Malam tsakiyar ya shiga.

Bai ɓata lokaci a kan yaƙe-yaƙen farko ba. A zama ɗaya ya wuce daga kiran da Fafaroma Urban na biyu ya yi a 1095 zuwa kafuwar dauloli huɗu: Ruha da Antakiya a 1098, masarautar Ƙudus bayan kisan da aka yi wa mazauna birnin a watan Yulin 1099, sai Ɗarabulus da aka ci a 1109. Ya nuna mana cewa Larabawan lokacin Ifranj suke kiransu, don haka a ajin ma Faranjawa muka riƙa cewa.

Inda ya zauna da gindinsa shi ne batun ƙarancinsu. Mafi yawan waɗanda suka zo yaƙin farko sun koma gida bayan sun cika alkawarin da suka ɗauka, waɗanda suka rage kuwa 'yan tsiraru ne a tsakiyar Musulmi da Kiristocin Gabas da Yahudawa. Wani jerin da wani masanin shari'arsu ya bari ya nuna cewa baraden da sarkin Ƙudus yake da haƙƙin kira zuwa yaƙi ba su kai 700 ba, ban da dakaru kusan 5,000 da birane da majami'u suke bayarwa. Daga wannan ƙarancin Malam ya fitar da kusan kowane fasali na mulkinsu. Sarki yana ba babban barde ƙasa, barden ya durƙusa ya sa hannuwansa cikin hannuwan sarki ya yi rantsuwa cewa zai zo da mahaya kaza duk lokacin da aka kira shi. Malam ya fassara wannan da caffa, kuma kalmar ta zauna daidai, domin kowa a ɗakin ya san mene ne mutum ya kai caffa ga babba. Saboda ƙasar noma ba ta da yawa, wasu baraden ba a ba su ko ƙauye ɗaya ba, sai a yanka musu wani kaso na kuɗin da ake tarawa a kasuwar Akka ko tashar jiragen ruwanta a kowace shekara. Manyan masu ƙasa suna da zama da ake kira Babbar Majalisa, wadda ita ce kotunsu, ita ce kuma take tabbatar da wanda zai gaji sarauta, kuma ba a ƙwace ƙasar barde sai da hukuncinta. A zamanin sarki Amalrik, cikin shekarun 1160, aka yi dokar da ta sa har ƙananan barade da suke ƙarƙashin wasu iyayen gida su yi wa sarki rantsuwa kai tsaye. Dokar ta fito ne don ƙarfafa sarki, amma daga baya manyan suka juya ta suka riƙa haɗa kai da ita suna janye hidimarsu daga mai mulkin da suka ga ya taka haƙƙin ɗayansu.

Darasi na uku da na huɗu, waɗanda suka shafi ƙauye, su ne suka fi komai daraja a wurina. Faranjawa masu ƙasa galibi a birni ko a cikin ganuwar dutse suke zama, ba su san harshen manoman ba, ba su kuma damu da yadda ake noman ba muddin rabonsu zai iso. Sun bar kowane ƙauye a hannun shugabansa na asali da ake kira ra'is, tare da tafinta da magatakarda, su ne masu auna amfanin gona su ware na ubangida. Nan Malam ya kawo misalin da ya haskaka mini batun sarai, ya ce mu tuna yadda kafin zuwan Turawan mulkin mallaka hakimai da yawa a ƙasar Hausa a babban birni suke zaune kusa da fada, garuruwansu kuwa jakadu suke aikawa su karɓo haraji ta hannun dagatai. Talakan da ke can ƙauye yana iya shekara bai ga fuskar wanda yake ci da guminsa ba.

Sannan ya karanta mana, da fassararsa, abin da matafiyin nan na Andalus, Ibn Jubair, ya gani a 1184 lokacin da ya ratsa ƙasar daga Dimashƙa zuwa Akka a kan hanyarsa ta komawa gida daga aikin Hajji. A yankin Tibnin ya tarar da ƙauyukan Musulmi suna zaune a gidajensu da gonakinsu, suna ba Faranjawa rabin amfanin gona lokacin girbi, da harajin kai na dinari ɗaya da ƙirati biyar, da wani ɗan abu a kan itatuwan marmari. Abin da ya baƙanta ransa shi ne ya ji wasunsu suna ganin halinsu ya fi na 'yan uwansu da suke ƙarƙashin masu mulki Musulmi sauƙi. Ɗakin ya yi tsit, domin ba wanda ya zo da shirin jin haka. Wani dattijo da ke noman shinkafa a fadama, wanda kullum yake zama kusa da ƙofa saboda iska, ya ɗaga hannu ya ce, "Allah shi gafarta Malam, ai wannan kashi-mu-raba ne, kuma rabin amfani ba sauƙi ba ne ga wanda ya yi huɗa da noma da girbi. In har wannan shi ne mai dama-dama, to na ɗaya gefen mi a ka karɓa gare su?" Malam ya ce, "Baba, tambayarka ita ce tambayar da Ibn Jubair yake so sarakunan Musulmi su ji." Ya bayyana cewa mutumin 'yan makonni kawai ya yi a ƙasar, a bakin babbar hanya ya bi, kuma akwai alamar yana amfani da abin da ya gani ne ya yi wa shugabannin Musulmi hannunka mai sanda.

Bai bar mu a nan ba, kuma wannan ne ya sa na amince da shi. A mako na gaba ya kawo labarin ƙauyen Jamma'il da ke kusa da Nabulus, inda ubangidan Bafaranje ya tsananta wa mutane da haraji da duka da ɗauri, ya kuma sa ido a kan malamin da manoma suke barin aiki su je sauraron huɗubarsa ranar Juma'a. Wajen 1156 malamin nan, Ahmad ibn Ƙudama, ya tsere zuwa Dimashƙa, iyalansa da almajiransa suka bi shi a ɓoye, kuma su ne suka kafa unguwar Salihiyya a gindin dutsen Ƙasiyun. A cikin yaran da aka yi hijirar da su akwai ɗansa Muwaffaƙuddin, wanda ya zama babban malamin fiƙihun Hanbaliyya da ɗalibanmu na ilimi suka san sunansa. Wani matashi a ajin ya ce ya sha jin sunan Ibn Ƙudama a bakin malamansa, amma bai taɓa sanin ɗan gudun hijira ba ne. Ƙauyukan Tibnin da ƙauyen Jamma'il duk a ƙasa ɗaya suke, ƙarƙashin masarauta ɗaya, abin da ya raba su shi ne halin ubangidan da kowanne ya faɗa hannunsa, kuma manomi Musulmi ba shi da kujera a Babbar Majalisa da zai kai kuka.

Batun shari'a ya ɗauki zama guda. Mun ji cewa kotuna hawa-hawa ne: Babbar Majalisa ta barade, kotun 'yan birni ta Faranjawan da ba barade ba, kotun kasuwa mai sauraron rikicin ciniki tsakanin mutane mabambanta addini, da kotun sarƙa, wadda ta samo sunanta daga sarƙar da ake ja a toshe bakin tashar jiragen ruwa. A taron Nabulus na 1120 aka kafa dokokin da suka haramta wa Musulmi sa tufafin Faranjawa, suka kuma tanadi hukunci mai tsanani ga duk wata mu'amalar jiki tsakanin ɓangarorin biyu. Birnin Ƙudus kansa an hana Musulmi da Yahudawa zama a cikinsa, har sai da sarki Baldawin na farko ya kwaso Kiristocin Gabas daga hayin kogin Urdun don su cika unguwannin da suka zama kufai. Malam ya haɗa wannan da labarin Usama ibn Munƙiz, basaraken Shaizar, wanda mayaƙan ƙungiyar Faranjawa ta Dawiyya da suka mai da masallacin Aƙsa mazauninsu suke ware masa wuri ya yi salla idan ya zo, har wata rana wani Bafaranje sabon zuwa ya cafke shi ya juya fuskarsa gabas, su kuma suka janye mutumin suka ba Usama haƙuri. Malam ya ja hankalinmu cewa ladabin da aka yi wa Usama ladabi ne na basarake ga basarake, a masallacin da ba ya hannun Musulmi, kuma a daidai wannan zamani akwai fursunoni Musulmi da mari a ƙafafunsu suna aikin ƙarfi a Akka.

Na ji daɗin darasin kasuwanci fiye da yadda na zata. Faranjawa ba su da jiragen ruwa na kansu da za su ci biranen gaɓa, sai da taimakon 'yan kasuwar Italiya, su kuwa ba su taimaka a kyauta ba. Mutanen Jenowa sun taya cin Akka a 1104, mutanen Banis kuma sun taya cin Sur a 1124 bisa yarjejeniyar da ta ba su kashi ɗaya cikin uku na birnin, da unguwarsu da kotunsu da ma'auninsu. Ayarin fatake daga Dimashƙa bai daina shiga Akka ba ko a lokacin da ake gwabzawa, kuma magatakardan kuɗin fito Kiristoci ne masu rubutu da Larabci. Malam ya zagaya da hoton wani dinari da Faranjawa suka buga suna kwaikwayon na Faɗimiyyawan Masar, da rubutun Larabci mai ambaton Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, saboda kuɗin da kasuwa ta sani ke nan. Sai a 1250 wakilin Fafaroma ya hana, daga nan suka koma rubuta kalmomin addininsu, amma har ila yau da Larabci. Da aka zo kan gonakin rake na yankin Sur da yadda ake matse shi a dafa ruwan a zuba a mazubi ya daskare, babu wanda ya buƙaci dogon bayani, domin duk wanda ya taɓa tsayawa wurin masu mazarƙwaila ya ga irin aikin.

Rikicin gadon sarauta shi ne ya ɗaure darussan wuri ɗaya. Mazajen gidan sarauta suna mutuwa da ƙuruciya, a fagen daga ko da cuta, don haka ƙasa da sarauta suna yawan faɗawa hannun 'ya'ya mata, kuma duk wanda ya auri magajiya ya auri mulki. Melisanda, 'yar Baldawin na biyu, ta hau a 1131 tare da mijinta Fulk, ta ci gaba da mulki bayan mutuwarsa a 1143, har sai da ɗanta Baldawin na uku ya yaƙe ta a 1152 kafin ta sakar masa ragama. Baldawin na huɗu ya hau a 1174 yana ɗan shekara 13 da cutar kuturta, ya mutu a 1185 ba ɗa, ɗan 'yar uwarsa da ya gaje shi ya bi shi a 1186, sai sarauta ta koma ga 'yar uwar tasa Sibila da mijinta Gi, wanda manya da yawa ba su yarda da shi ba. A gefe kuma ga Dawiyya da Isbitariyya, ƙungiyoyin mayaƙa masu rayuwar rahibai, waɗanda suke riƙe da manyan ganuwoyi amma ga Fafaroma suke amsawa, ga kuma Arnaɗ mai Karak da yake afka wa ayari a lokacin sulhu ba tare da sarki ya iya tsawata masa ba. Da Malam ya iso yaƙin Hiɗɗin, ranar 4 ga Yulin 1187, ba mu ji ta kamar abin da ya faɗo daga sama ba. Sarkin da ba shi da tabbacin biyayyar manyansa ya kwashe kusan duk mai iya riƙe makami daga birane ya kai su fili marar ruwa a tsakiyar zafi, ya fuskanci Salahuddin wanda ya riga ya haɗa Masar da Sham a hannu ɗaya bisa tubalin da Imaduddin Zanki da Nuruddin suka aza. Da rundunar ta karye babu wanda ya rage a bayan ganuwa, shi ya sa birane suka riƙa miƙa wuya ɗaya bayan ɗaya, Ƙudus ma ta bi a ranar 2 ga Oktoba.

Akwai abubuwan da ban gamsu da su ba, kuma na gaya wa Malam su baki da baki kafin in rubuta. Mafi girma shi ne rabon lokaci. Daga lokacin da Faranjawa suka sake cin Akka a 1191 zuwa faɗuwarta a 1291 shekara ɗari ce cur, amma a zama na ƙarshe kaɗai aka dunƙule ta. Yarjejeniyar 1229 tsakanin Sarki Firedirik na biyu da Sarkin Masar Alkamil, da yaƙin da 'yan Banis da 'yan Jenowa suka yi a titunan Akka tun daga 1256, da yadda Sarkin Masar Baibars ya ci Antakiya a 1268, duk an ambace su ne a guje ana kallon agogo. Alhali wannan ƙarnin ne ya fi nuna abin da ajin ya ce zai koyar, domin a cikinsa ne sarki ya zama baƙo mai zama a ƙetaren teku, manya da ƙungiyoyi da 'yan kasuwa kowa ya ja nasa. Kiristocin Gabas ma, Armeniyawa da Suryaniyawa da Maruniyawa da mabiya cocin Rum, waɗanda a wasu yankuna su ne mafi yawan talakawa, ba su samu ko rabin zama ba.

Na biyu, kwatancen da Malam yake yi da tarihinmu, wanda shi ne ƙarfinsa, wani lokaci yana wuce gona da iri. Caffa da jakadu sun dace. Amma da ya kwatanta ganuwar Hisnul Akrad ta ƙungiyar Isbitariyya da ribaɗoɗin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kafa irin su Wurno, ban yarda ba. Ribaɗi gari ne da aka zaunar da jama'a da malamai da iyalansu su yi noma su tsare iyaka, Hisnul Akrad kuwa sansani ne na mazajen da ba sa aure, a tsakiyar manoman da ba addininsu ɗaya ba, kuma kuɗin gina shi da yawa daga gonakin ƙungiyar na Turai yake zuwa. Ɗalibin da bai san ɗayan biyun sosai ba zai fita da hoton da ba daidai ba na dukansu.

Takardun darasi ma suna buƙatar gyara. Taswirar da aka ba mu an yi ta ɗauka a inji har ta dushe, ba a bambance teku da tudu sai an kai ta bakin taga, ga shi batun ba ya fahimtuwa sai mutum ya ga yadda ƙasar take siririya tsakanin teku da hamada. Sunan mutum ɗaya yakan fito da rubutu iri biyu ko uku, na Larabci a wannan shafi, na Turanci a wancan, har wasu suka ɗauka Arnaɗ da Renal mutum biyu ne. Ɗakin kuma ba shi da janareta, idan aka ɗauke wuta a watan zafi rabin hankalin mutum yana kan fifita da takardar darasin.

Duk da haka zan ba malaman makaranta da ɗaliban jami'a da masu wa'azi shawara su shiga, musamman masu wa'azi, tunda su ne suka fi kowa ambaton wannan zamani a gaban jama'a. Ba a buƙatar Turanci ko Larabci, da Hausa ake komai, akwai kuma benci biyu da aka ware wa mata a gefe, kuma a zangonmu mata uku ne suka kammala. Wanda zai zo ya taho da littafin rubutu mai kauri, ya kuma sauke taswirar Sham mai launi a wayarsa tun daga gida. Malam ya ce mana zango na gaba zai mai da shi makonni goma don ƙarni na biyu ya samu zama uku, ya kuma karɓi jerin sunayen da na daidaita masa rubutunsu don a gyara takardun. Na riga na bar sunana a wurin mai shago, tare da na ƙanena da ke koyar da tarihi a Jega.